Shin "kisa" da "turmi" za su iya fita daga gidan dambe su shiga sauran wasanni?

Mai Shirin Wasanni ya rubuta:

Assalamu alaikum. Ina gabatar da shirin wasanni a wani ƙaramin gidan rediyo, kuma shekara uku ke nan ina tara kalmomin da muke amfani da su a cikin wani littafin rubutu, domin idan na tafi hutu kada wanda zai riƙe mini shirin ya zo da nasa kalmomin daban, masu sauraro su rikice. A fannin ƙwallon ƙafa ba ni da damuwa, saboda waɗanda suka riga mu sun share mana hanya. Muna da mai tsaron gida, da satar gida, da bugun tazara, da bugun kusurwa, da hutun rabin lokaci, kuma ko tsohuwar da ba ta taɓa leƙa gidan kallon ƙwallo ba ta san abin da ake nufi idan an ce an ba wane jan kati. Inda na cije shi ne wasannin da mutum biyu suke fuskantar juna, wato damben zamani da judo da karate da taekwondo.

Abin da ya sa na kawo maganar shi ne wani abu da ya same ni a watan jiya. Ina karanta sakamakon wata gasar judo ta matasa, sai na ga an rubuta cewa yaron jiharmu ya yi nasara da "ippon" cikin daƙiƙa arba'in. Na san kalmar ba za ta gaya wa mai sauraro komai ba, saboda haka na ari bakin 'yan dambe, na ce yaron ya yi kisa tun a turmin farko. Ban kai ga rufe shirin ba wata mata ta bugo waya muryarta tana rawa, tana tambaya ɗan wa aka kashe, don ita ma nata yana cikin waɗanda suka tafi gasar. Da ƙyar na kwantar mata da hankali. Kashegari kuma wani mai horar da 'yan judo ya aiko mini saƙo cewa na yi kuskure biyu a jimla ɗaya, domin judo ba ta da turmi, kuma ippon ba kisa ba ne.

Tambayata ga masana ita ce: shin ya halatta mu ɗebo kalmomin dambe da kokawa da dara mu bayyana baƙin wasanni da su, ko kuwa mu bar kowane wasa da kalmominsa na asali, ko da mai sauraro bai gane ba? Me ya sa muka iya mayar da kalmomin ƙwallon ƙafa Hausa kusan gaba ɗaya, amma 'yan judo suka dage sai Japananci?

Tsohon Bahago ya amsa:

Wa alaikumus salam, ɗana. Na yi shekaru ina ɗaure hannu kafin ƙarfi ya ƙare na koma cikin 'yan kallo, saboda haka bari in gaya maka abin da kalmomin nan biyu suke nufi a inda aka haife su, sa'an nan kai da malamai ku yanke hukunci.

Kisa a dambe ba ya nufin mutum ya suma, ba ya ma nufin an ji masa ciwo. Da zarar hannunka ko gwiwarka ta taɓa ƙasa sakamakon naushi, ko ka faɗi gaba ɗaya, to an kashe ka, wasa ya ƙare, babu wanda zai tsaya a kanka yana ƙirga ɗaya zuwa goma. Na taɓa ganin wani ƙato da aka kai wa naushi a ƙasan kunne, bai faɗi ba, ya dai yi taga-taga ya dafa rairayi da 'yan yatsun hannun da yake kare kansa da shi, ya miƙe nan take yana neman a ci gaba. Kafin ya gama miƙewa masu kalangu sun canja kiɗa, mutanen ɗaya ɓangaren sun ruga cikin fili sun ɗaga nasu sama. Ya yi ta nuna wa mutane cewa lafiyarsa lau, amma shaidar yatsunsa tana nan a kan rairayi. A damben zamani kuwa irin wannan dafa ƙasa ba ta ƙare wasa, alƙali zai yi ƙirge, idan mutum ya tashi a kan lokaci kuma yana cikin hayyacinsa a ci gaba, har ma yana iya zuwa ya ci wasan da maki. To ka ga idan ka kira wannan faɗuwar kisa ka yi wa mai sauraro ƙarya, don zai ɗauka an tashi, alhali ana nan ana gwabzawa.

Wani abin kuma, mu ba mu san maki ba. Ko dai an yi kisa, ko kuma a ce turmi uku babu kisa, a raba su kowa ya koma wajen mutanensa. Ba a cewa wane ya fi kai naushi saboda haka shi ya ci. Yanzu na ga masu shirya gasa ta zamani sun fara auna nauyin 'yan wasa suna sa agogo, amma a yadda muka taso, da ido ake haɗa mutum biyu, kuma turmi ba shi da minti. Yana ƙarewa ne idan an raba su, ko zaren hannun wani ya kwance, ko kuma an ga sun tsaya suna kallon juna babu mai kai hannu.

Duk da haka, ni ban ga laifin turmi ya shiga damben zamani ba. Su ma suna yin faɗan ne kashi-kashi, minti uku a huta minti ɗaya, har turmi 12 a manyan wasannin kambu, kuma duk wanda ya ji ka ce an buge wane a turmi na takwas ya gane. Ya fi mini daɗin ji a kan zagaye, domin zagaye kun riga kun ba matakan gasa, kuna cewa zagayen farko, zagaye na biyu, sai a rasa ko kashin faɗa ake nufi ko matakin gasar.

Tun da kana rubutawa a littafi, ka ƙara da waɗannan don kada wanda zai riƙe maka shiri ya yi abin kunya. Idan ka ji an ce Shagon wane, ba sunan yanka ba ne, yaron wane ne a dambe, wanda ya taso a hannunsa yake ɗauke da sunansa. Haka Autan wane da Garkuwan wane. Bahago shi ne mai ɗaure hannun hagu, irina. Sa zare shi ne babban dambe da aka tsara tsakanin manya biyu, aka sa rana kowa ya sani, ba wanda aka haɗa nan take a fili ba. Sa'an nan kowane ɗan dambe yana da ɓangare: Kudu, ko Arewa waɗanda ake kira Jamus, ko Guramada. Ka faɗi sunan mutum ba ka faɗi ɓangarensa ba, rabin labari ka bayar.

Mai Baƙar Ɗamara ya amsa:

Baba Bahago ya yi bayani mai gamsarwa, Allah ya ƙara girma. Ni kuma ina horar da yara judo, na kuma taɓa taekwondo kaɗan, saboda haka zan amsa ɓangare na biyu na tambayar, wato dalilin da ya sa muka riƙe Japananci.

Malam Mai Shiri, ba girman kai ba ne, kuma ba son baƙon abu ba ne. Yawancin kalmomin da kake ji a bakinmu ba bayani ba ne ga 'yan kallo, umarni ne daga alƙali zuwa ga mutum biyu da suke riƙe da rigar juna. Idan ya ce "hajime" a fara, idan ya ce "mate" a saki a tsaya. Yaron da na horar a nan, idan Allah ya ɗaga shi ya je gasa a wata ƙasa, abokin karawarsa yana iya zama ɗan Barazil, alƙalin kuma ɗan Faransa, kuma babu lokacin neman tafinta yayin da hannun wani yake a wuyanka. Tun da Jigoro Kano ya kafa makarantarsa ta Kodokan a Tokyo a 1882 (sunansa ne kawai ya yi daidai da na birninmu, yarana kullum sai sun tambaya), har judo ta shiga gasar Olamfik a 1964, da waɗannan kalmomi ake wasan a ko'ina. Haka taekwondo take da Koriyanci: "shijak" a fara, "kalyeo" a rabu, "chung" mai shuɗi, "hong" mai ja. Da waɗannan kalmomi Chika Chukwumerije ya ciwo wa Najeriya tagulla a gasar Olamfik ta Beijing a 2008, da su kuma Abdoul Razak Issoufou Alfaga ya ciwo wa Nijar azurfa a Rio a 2016, sa'an nan ya zama zakaran duniya a 2017. Wasan takobi na Turawa ma har gobe da Faransanci alƙali yake ba da umarni.

Ƙwallon ƙafa ta tsira daga wannan ne saboda alƙalinta ba da baki yake magana ba, da usur yake yi da hannu. Kai, katunan nan ma matsalar harshe ce ta haife su. A gasar cin kofin duniya ta 1966, alƙali Bajamushe ya kori kyaftin ɗin Ajantina Antonio Rattin a wasansu da Ingila, shi kuwa ya ƙi fita, ya tsaya yana neman a kawo tafinta, wasa ya tsaya cik. Daga nan ne Ken Aston, wanda yake kula da alƙalai, ya ari launin fitilar ba da hannu ta kan titi, aka fara amfani da katin gargaɗi da jan kati a gasar 1970 a Meziko. Da yake 'yan wasa ba sa bukatar kalmar, sai kowace al'umma ta sami damar raɗa wa abin suna da harshenta. Shi ya sa kuka sami satar gida cikin sauƙi.

Game da ippon, ma'anarsa cikakken maki ɗaya, kuma yana ƙare wasa nan take, ta nan ya yi kama da kisa. Amma ba ta hanya ɗaya ake samunsa ba. Ana samunsa idan ka ɗaga mutum ka maka shi da bayansa da ƙarfi da sauri kana riƙe da ragamar jifan. Ana samunsa idan ka danne shi a ƙasa daƙiƙa 20 bai kuɓuce ba. Ana kuma samunsa idan ka shaƙe shi ko ka murɗe masa gwiwar hannu har ya bubbuga ƙasa ko jikinka alamar ya sallama. Jifan da bai cika ba shi ne "waza-ari", biyu daga cikinsa suna zama ippon. Mutum yana iya dafa ƙasa da hannu da gwiwa sau goma a judo ba a ci shi komai ba, hasali ma a ƙasan ake ci gaba da wani sashe na wasan. Turmi kuwa babu shi, minti huɗu ne a jere ga manya, idan ba a sami wanda ya yi rinjaye ba a shiga ƙarin lokaci, wanda ya fara samun maki ya ci. Taekwondo ce take da turmi uku na minti biyu-biyu, a can kalmar Baba ta zauna daram.

Shawarata ita ce ka faɗi kalmar ta asali sau ɗaya, ka bi ta da bayani. Ka ce ya yi nasara da ippon, wato cikakken makin da yake ƙare wasa. Bayan wata shida masu sauraronka ba za su bukaci bayanin ba. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a aro kalmar wani wasa a ɗora wa wani, domin kowace kalma tana tafe da dokokin gidansu. Inda babu doka a ciki kuwa ni ma Hausa nake yi, shi ya sa nake cewa baƙar ɗamara, don ɗamara ce Bahaushe ya sani a ƙugun mai shirin faɗa. Matakan da muke kira "dan" kuwa na bar su yadda suke, ko da yake shi kansa Kano daga wasan Go, wata irin dara ta Gabashin Asiya, ya aro tsarin.

Malamar Hausa ta amsa:

Malam Mai Baƙar Ɗamara, na yarda da kai ɗari bisa ɗari a kan umarnin alƙali, babu mai hankalin da zai ce a koya wa yaro "a fara" alhali "hajime" zai ji a filin gasa. Amma a jimlarka ta ƙarshe ka rushe dokar da ka kafa da kanka. Ka ce kada a aro kalmar wani wasa a ɗora wa wani, sai ga shi ka gaya mana cewa wanda ya ƙirƙiro judo daga wasan dara ya ɗauko matakan gwaninta ya kai su fagen kokawa. Idan ya halatta gare shi, me zai haramta mana?

Kalmomin wasanni ba su taɓa zama a gida ɗaya ba. Hatirik ɗin da matasanmu suke faɗa idan mutum ya ci ƙwallo uku a wasa ɗaya, daga wasan kurket ta fito, inda a 1858 wani ɗan wasa mai suna Stephenson ya fitar da mutum uku da jifa uku a jere, 'yan kallo suka yi karo-karo suka saya masa hula. Yau babu hula, babu jifa, amma kalmar tana aiki. Wasan folo da Sarkin Katsina Muhammadu Dikko ya ɗaukaka a ƙasar nan, kashinsa na minti bakwai da ake kira cukka kalmar Indiya ce mai nufin kewaye. Mu ma a Hausa haka muke yi tun ba yau ba. Tun kafin ƙwallo ta zo muke cewa dara ta ci gida, yau kuma idan ɗan baya ya zura ƙwallo a ragarsu sai mu ce ya ci gida, babu wanda ya tsaya neman gurbi talatin da 'ya'yan dara goma sha biyu-biyu a filin ƙwallo. Zakaran da ya fi ƙarfin sauran zakaru a tsakar gida shi ne ya zama zakaran gasa, har muka sami gasar zakarun Turai.

Abin da nake so Malam Mai Shiri ya lura da shi, ƙarfin Hausa a wasanni ba a sunaye yake ba, a aikatau yake, musamman "ci" da "sha". Ana cin dara, ana cin ƙwallo, ana cin gasa, ana cin kofi, ana yi wa ƙungiya cin kaca, ana tashi ci biyu da nema, ko ci ɗaya mai ban haushi. A ɗaya gefen ana shan kaye, ana shan kashi, ana sha da ƙyar. A langa kuwa sha nasara ce, domin idan ruwa, wato ɗan wasan da 'yan ɓangarensa suke karewa, ya tsallake abokan hamayya da ƙafa ɗaya ya isa inda aka shata, sai a ce ya sha. Idan babu wanda ya ci wani an yi canjaras, ko an tashi kunnen doki, kuma duk wanda ya taɓa kallon kan doki ya san babu kunnen da ya fi wani tsawo. Waɗannan kalmomi ba su da wasa guda da ya mallake su, suna shiga ko'ina, kuma da su za ka ba da kashi tara cikin goma na labarin kowace gasa, ko ta judo ce ko ta ƙwallon tebur. Baƙuwar kalmar da za ta rage maka ba ta wuce ɗaya ko biyu ba.

Sa'an nan kada mu ɗauka duk abin da aka fassara ya yi kyau. Ƙwallon kwando ta zauna, ƙwallon raga ta zauna, zari-ruga kuwa, wato rugby, a ganina babu suna mafi dacewa da aka taɓa raɗa wa baƙon wasa, don ka ji shi ka ga mutum ya suri ƙwallo ya ruga. Amma bugun daga kai sai mai tsaron gida kalma bakwai ce, kafin mai sharhi ya gama furta ta an riga an buga, shi ya sa a gidan kallo kowa fenariti yake cewa, doguwar kuma ta tsaya a labarai. Wasan daf da na kusa da na ƙarshe ma har yanzu sai mutum ya tsaya ya ƙirga da yatsu kafin ya gane ƙungiya takwas ne suka rage. Saboda haka aro ba laifi ba ne, fassara ma ba kullum take cin nasara ba.

Game da baiwar Allah da ta bugo waya, ni a ganina ba aron kalmar ne ya tsorata ta ba, rashin mahallinta ne. A gidan dambe akwai kalangu, akwai zare, akwai kirari, kowa ya san kisan da ake nufi. Kai kuma ka ɗauko kalmar tsirara ka ajiye ta kusa da "yaro" da "gasar matasa" a kunnen uwa. Ko sakamakon damben gargajiya kake karantawa, da ka fara da cewa a gidan dambe kaza aka yi wasa kaza, hankalinta ba zai tashi ba. Ina goyon bayan kada kisa ya shiga judo, amma dalilina shi ne kalmar tana da nauyi a kunnen wanda ba ɗan dambe ba, ba don an hana kalma ƙaura ba.

Ɗan Maraɗi ya amsa:

Ina gaida malamai. Abin mamaki, an yi ta neman kalma a gidan dambe, alhali judo 'yar'uwar kokowa ce, ba ta dambe ba. Babu naushi a cikinta, kamawa ce da ɗagawa da kayarwa. Kalmar da ta fi kusa ita ce kaye. A nan Nijar, tun da aka fara gasar kokowa ta ƙasa a Tawa a 1975, jihohi takwas suke kawo 'yan kokowa goma-goma a yanzu, mutum 80 ke nan, kuma duk ƙasar da kaye take lissafi: wane ya yi kaye, wane ya sha kaye, mutum nawa suka rage ba su faɗi ba. Idan Malam ya ce yaron ya yi cikakken kaye cikin daƙiƙa arba'in, daga Zariya har Agadas babu wanda zai ruɗe, babu kuma uwar da za ta firgita. Inda nasarar ta zo ta dannewa, sai ya ce ya danne shi har lokaci ya cika, inda ta zo ta shaƙa ya ce ya sa shi ya sallama.

Ina kuma roƙon a rubuta a littafin cewa wanda ya ci gasarmu takobi yake ɗauka, ba kofi ba. Na sha jin 'yan'uwanmu na Najeriya suna cewa Issaka Issaka na Doso ya ɗauki kofin kokowa, abin yana yi mana wani iri a kunne, domin takobi ake rataya wa sarkin kokowa, da shi ake kiran gasar kanta.

Wani dalilin da zai sa ku riƙe Hausa gwargwadon iko shi ne rediyo ba ta san iyaka ba. Kalmomin da kuka aro daga Ingilishi, mu namu daga Faransanci muka aro su, saboda haka idan kun ce rafali ko ofsaid, dattijon da yake saurare a ƙauyen Madarunfa sai ya yi tambaya, amma alƙalin wasa da satar gida namu ne mu duka. Haka kalmar gargaɗi, ita kaɗai ta isa ta ɗauki katin ƙwallo, da "shido" na judo, da wanda ake yi wa ɗan kokowar da ya ƙi kamawa yana ta ja da baya.

Mai Baƙar Ɗamara ya sake amsawa:

Malama ta kama ni da bakina, na karɓa. Cikakken kaye ma na karɓa, da sharaɗin a riƙa ambaton ippon tare da shi, domin iyayen yarana su san kalmar da za su gani a allon maki. Gargaɗi ya dace da shido, sai dai a ƙara da cewa na uku yana fitar da ɗan wasa gaba ɗaya. A taekwondo kuwa a yi hattara, "gam-jeom" ya wuce gargaɗi, domin duk lokacin da aka yi maka shi ana ƙara wa abokin karawarka maki ɗaya, saboda haka tara ta fi dacewa da shi.

Mai Shirin Wasanni ya sake rubutawa:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Na buɗe sabon shafi a littafin. A gaban ippon na rubuta cikakken kaye, da dannewa, da sallamawa, gwargwadon yadda nasarar ta zo. Turmi na ba damben zamani da taekwondo, na soke shi a judo. Zagaye na bar wa matakan gasa. A gaban takobi na ja layi biyu. Jimlar da ta jawo mini waya kuwa ga yadda za ta fita idan an sake irin wannan gasa: yaron jiharmu ya yi wa abokin karawarsa cikakken kaye, wanda 'yan judo suke kira ippon, cikin daƙiƙa arba'in da fara wasa.

Abu ɗaya ya rage mini, Baba Bahago. Idan a damben zamani aka naushi mutum ya faɗi, alƙali ya ƙirga har goma bai tashi ba, a nan ma kada in ce kisa?

Tsohon Bahago ya sake amsawa:

A nan kam kisa ne, ɗana, har ya fi namu, don namu yakan tashi ya kaɗe rairayi ya tafi da ƙafarsa. Amma tun da Malama ta ce kalmar tana da nauyi a kunnen iyaye mata, akwai wadda muke amfani da ita kullum ba ka tambaya ba, ita ce buge. Ka ce ya buge shi a turmi na biyar. Wanda ya faɗi ya tashi kafin goma kuwa ka ce an kai shi ƙasa, wanda aka ci da lissafin alƙalai ka ce an ci shi da maki. Ranar da za ka karanta sakamakon dambenmu na gargajiya, ka faɗi kisa da babbar murya, ka faɗi ɓangaren kowa, kuma idan Bahago ne ya yi kisan kada ka manta ka ambata.